Yadda Manoman Amurka Suka Sayi Gurbi a Littafin Tarihi

A ranar 13 ga Maris, 1876, majalisar dokokin Amurka ta zartar da wani ƙuduri da babu ruwansa da haraji ko yaƙi. Ƙasar na dab da cika shekara 100 da ƙwatar 'yancinta daga Ingila, sai 'yan majalisa suka nemi mutanen kowace gunduma da kowane gari su taru ranar 4 ga Yuli, a tsayar da wani ya karanto musu tarihin wurinsu tun daga kafuwarsa. Suka ce a ajiye kwafi ɗaya a ofishin magatakardan gunduma, a aika ɗaya babban ɗakin karatu na majalisa da ke Washington. Shugaba Ulysses Grant ya nanata kiran cikin sanarwar da ya fitar ranar 25 ga Mayu. Garuruwa da yawa sun amsa, lauyoyi da limaman coci da editocin jaridu suka sha bayani a gaban jama'a. Amma waɗanda kiran ya fi shiga kunnensu 'yan kasuwa ne, masu injin buga littafi a Chicago da Philadelphia, waɗanda suka hango cewa akwai kuɗi a cikin sha'awar mutum ta ganin sunansa a rubuce.

Kafin a fahimci abin da ya biyo baya, sai an san matsayin gunduma a wajen Ba'amurke. Ita ce matakin mulki da ke ƙasa da jiha, kusan kamar ƙaramar hukuma a wurinmu, kuma yawansu ya haura 3,100. Jihar Texas kaɗai tana da 254, Delaware kuwa 3 kacal. A hedikwatar gunduma kotu take, a nan ake rajistar gona da aure da wasiyya. Manomin da bai taɓa taka babban birnin jiharsa ba ya san hanyar wannan kotu kamar tafin hannunsa. Idan za a sayar masa da tarihi, to, na gundumarsa ne zai shiga ransa.

Rubuta tarihin gari ya girmi 1876 nesa ba kusa ba. A yankin arewa maso gabas, inda Turawan Ingila suka kafa matsugunai tun da wuri, limaman coci ne suka riƙe alƙalamin. Ɗaya daga cikinsu, Jeremy Belknap, ya rubuta tarihin New Hampshire cikin juzu'i uku tsakanin 1784 da 1792, shi ne kuma ya jagoranci kafa ƙungiyar tarihi ta Massachusetts a 1791, wadda ita ce ta farko a ƙasar. Ta New York ta biyo baya a 1804. Daga baya aka samu matafiya irin su Henry Howe, wanda ya zaga jihar Ohio, galibi a kan doki, yana zana garuruwa da hannunsa yana tambayar tsofaffi, ya fitar da littafinsa a 1847, gunduma bayan gunduma. Waɗannan mutane ƙwazo da son abin ne ya ɗauke su. Ribar da suka samu ba ta taka kara ta karya ba.

Kasuwancin na ainihi ta ƙofar taswira ya shigo. Tun wajejen 1850 ake buga manyan taswirorin gunduma na ratayewa a bango, an rubuta sunan mai kowace gona a kan gonarsa. Bayan yaƙin basasa na 1861 zuwa 1865 aka mai da su littafi, kowane yanki da shafinsa. A nan ne wani tsohon soja, Alfred Andreas, ya yi suna. Shi da irinsa sun gane cewa mutumin da ya biya don ya ga sunansa a taswira zai ƙara biya don a zana gidansa, ya kuma ƙara don a sa fuskarsa. Littafin taswirar Minnesota da ya fitar a 1874 da na Iowa a 1875 cike suke da zanen gonaki, kuma duk wanda ya duba su zai yi mamakin tsabtar ƙauyukan wancan zamani: shinge a miƙe, shanu ɓul-ɓul, keken doki a ƙofar gida, babu taɓo babu juji. Mai zane ya san wanda zai biya shi. Daga wannan zuwa cikakken littafin tarihi taki ɗaya ne, kuma Andreas ɗin ya taka: kamfaninsa ya fitar da tarihin Nebraska a 1882, na Kansas a 1883, sannan na birnin Chicago cikin juzu'i uku daga 1884 zuwa 1886.

Cikin shekaru arba'in da suka biyo bayan bikin 1876, kamfanoni irin su Chapman Brothers, Lewis, S. J. Clarke da Goodspeed suka mai da abin masana'anta. Tsarin kusan ɗaya ne ko'ina. Kamfani zai zaɓi gundumar da manomanta ke da abin hannu, ya tura wakilai su bi gida-gida. Wakili zai fara da samun sa hannun alƙali ko mai banki ko limamin babbar coci, domin ya nuna wa sauran cewa manya sun shiga. Manomi ya ga sunan maƙwabcinsa a jeri, ya ji ba zai yarda a bar shi a baya ba, sai ya rattaba hannu a takardar alkawarin saye. Nan take wakili ya zaro takardar tambayoyi: ina aka haife ka, su wane ne iyayenka, yaushe ka zo nan, wa ka aura, 'ya'ya nawa, eka nawa, wace coci, wace jam'iyya. A ofis a Chicago wani marubuci da bai taɓa ganin mutumin ba zai mai da amsoshin labari mai daɗin ji. Ba a soma bugu sai an tara masu saye da za su biya kuɗin aikin har da riba.

Littafin da ke fitowa katoto ne, wani ya kai shafi dubu, da bangon fata da ado na ruwan zinare, irin wanda ake ajiyewa a falo kusa da Baibul. Sashen farko sau da yawa cikon shafi ne: tarihin ƙasa, tarihin jiha, tsarin mulki, taƙaitattun dokoki, abin da kamfani ke ɗauka daga littafin wannan gunduma ya liƙa a na waccan ba tare da sauya ko wasali ba. Sashen tsakiya shi ne na gundumar kanta, kuma a nan marubutan suka nuna wata irin ƙaunar "na farko": baƙon farko da ya kafa bukka, injin niƙa na farko, auren farko, jaririn farko, kisan kai na farko, shekarar da dusar ƙanƙara ta binne shinge, jerin samarin da suka tafi yaƙin basasa da waɗanda ba su dawo ba. Sashen ƙarshe, wanda sau da yawa ya fi sauran kauri, na waɗanda suka biya ne. A nan kowa haziƙi ne, kowa ya zo da hannu biyu ba ko sisi, kowa da guminsa ya tara, babu mashayi, babu wanda ya ci bashi ya hana.

Bahaushe ba zai yi baƙon wannan ba. Mun san maroƙi, mun san cewa gwargwadon kyautarka gwargwadon kirarinka. Bambancin shi ne maroƙi ba ya ɓoye sana'arsa, kowa a wurin biki ya san abin da ake ciki, kuma kirarin iska ke tafiya da shi. Wannan kuwa an ɗinke shi da fata an rubuta masa "tarihi" a goshi. Su kansu Amurkawan ba su ruɗu gaba ɗaya ba. Sun laƙaba wa littattafan wani suna na ba'a mai ma'anar "littafin fuskoki", kuma tun 1879 wani mai suna Bates Harrington ya buga littafi a Chicago yana tona dabarun waɗannan 'yan yawon talla, yadda suke hura wa manomi kai har ya sa hannu a abin da bai yi niyya ba. Watanni bayan manomi ya sa hannu littafi ya iso, wataƙila damina ba ta yi kyau ba, wataƙila an rubuta sunan matarsa ba daidai ba, amma takardar da ya sa wa hannu tana nan, biya ya zama dole.

Ba banza ba ne kasuwar ta fi ci a jihohin tsakiya irin su Ohio, Indiana, Illinois, Iowa da Kansas. Mutanen wurin baƙi ne na jiya-jiya. Wasu daga jihohin gabas suka taso, wasu daga Jamus, Siwidin, Norway ko Ireland, wasu kuma dokar rabon filaye ta 1862 ce ta ba su eka 160 bisa sharaɗin su zauna su noma. Ba su da kushewar kakanni a wurin, ba su da asalin da za a ambata a jinjina musu. Abin da suke da shi shi ne dajin da suka sare da hannunsu, kuma tsufa ya soma kama su. Littafin ya ba su abin da za su bar wa jikoki a matsayin asali. A jihohin kudu, inda yaƙi ya bar talauci, masu saye sun yi ƙaranci, har kamfanin Goodspeed kan haɗa gundumomi da dama na Tennessee ko Arkansas cikin juzu'i ɗaya kafin lissafi ya fita.

Tun da kuɗi ne tikitin shiga, ba wuya a san waɗanda aka bari a waje. Mace takan bayyana a matsayin matar wane, 'yar wane. Ɗan ƙodago da mai noman haya babu su. Baƙaƙen fata, ko a gundumar da suke da yawa, da wuya a ba su fiye da 'yan layuka. 'Yan asalin ƙasar kuwa, waɗanda ake kira Indiyawan Amurka, a babin farko ake sallamarsu, tare da bayanin duwatsu da namun daji, sai ka ce su ma wani yanayi ne da ya wuce. Littattafan Illinois da yawa sun ba da labarin yaƙin Black Hawk na 1832 daki-daki, amma daga bakin waɗanda suka gaji filin. Wannan ɗabi'a ta rufe abin kunyar gari ta daɗe bayan zamanin 'yan tallan. A 1921 farar fata suka ƙone unguwar Greenwood ta baƙaƙen fata a birnin Tulsa, aka kashe mutane da yawa. Wata malama da ta tsira, Mary Parrish, ta tattara shaidar waɗanda abin ya shafa ta buga, amma tarihin birnin na hukuma da littattafan makaranta suka yi gum shekaru da dama, sai a 1982 Scott Ellsworth ya fitar da cikakken bincike a kai.

Malaman jami'a, waɗanda suka kafa ƙungiyarsu ta masana tarihi a 1884, sun daɗe suna yi wa waɗannan littattafai kallon hadarin kaji. Suna da hujja, amma a ganina sun yi saurin yanke hukunci, kuma wuta ce ta nuna haka. Gobarar Chicago ta 1871 ta cinye takardun kotun gundumar Cook. Kotunan gundumomi da dama, musamman a kudu, sun ƙone a lokuta daban-daban. A watan Janairun 1921 gobara a wani ginin gwamnati a Washington ta lalata mafi yawan takardun ƙidayar jama'a ta 1890. Da aka waiwaya, sai aka tarar cewa ɗan tallan nan da ake zagi ya zauna da tsofaffin da suka ga kafuwar gari da idonsu, ya kwafi jerin sunaye daga takardun da yanzu toka ne. Takardar ƙidaya takan ce mutum daga Jamus yake, ta yi shiru. Labarin da ya biya aka rubuta masa kuwa yakan faɗi sunan ƙauyen, da shekarar da ya hau jirgin ruwa, da sunan mahaifiyarsa kafin aure. Yabon ƙarya ne ko gaskiya, wannan daban; sunaye da shekarun galibi daga bakin mai su aka ji su.

Yaƙin duniya na farko ya rage wa kasuwar ƙarfi, karayar tattalin arziki ta 1929 ta kusa ƙarasa ta. Sai gwamnatin Franklin Roosevelt ta shigo ta wata hanya. Daga 1935 ta ɗauki marubuta marasa aikin yi, ƙarƙashin jagorancin Henry Alsberg, suka rubuta littafin jagora ga kowace jiha cikin 48 na lokacin da wasu birane, wani rukunin kuma ya bi kotunan gundumomi yana lissafa takardun da ke ciki. A wannan aikin ne aka zauna da tsofaffi fiye da 2,300 waɗanda aka haifa cikin bauta, aka rubuta abin da suka tuna. A wannan karon an je ƙofar talaka da alƙalami ba tare da an nemi ya saya ba.

Bikin cika shekara 200 a 1976 ya sake tayar da ƙura, ga kuma littafin Roots na Alex Haley da ya fito a shekarar, wanda ya bi asalin danginsa har Gambiya, ya sa miliyoyin Amurkawa neman kakanninsu. Wannan karon kwamitocin sa-kai ne suka yi aikin, yawancinsu mata, kowane iyali ya rubuto labarinsa da kansa, kamfanonin da suka saba buga littafin tunawa na 'yan makaranta suka buga. A 1993 aka kafa kamfanin Arcadia a New Hampshire, wanda ya fito da siraran littattafai masu shafi 128, kusan duk tsofaffin hotuna ne da ɗan bayani a ƙasa, ana sayar da su a kantin magani da shagon tsaraba na garin da suke magana a kansa. Sun kai dubbai yanzu.

Tsofaffin littattafan kuwa, da P. William Filby ya jera tarihin gundumomi a 1985 ya samu wajen 5,000. Haƙƙin mallakar na ƙarni na 19 ya ƙare, an ɗauki hoton shafukansu an zuba a intanet ta Google Books da Internet Archive da FamilySearch. Littafin da a da sai mutum ya yi tafiyar kwana biyu zuwa ɗakin karatun wani ƙauye kafin ya gan shi, yau jika na biyar zai rubuta sunan kakansa a waya ya fito masa: ga ƙauyen da ya baro, ga 'ya'yansa takwas, ga ekarsa 160, ga cocinsa da jam'iyyarsa. Idan kakan ya ƙara kuɗi, har da zanen gidan, shi a tsaye a ƙofa da hula, matarsa a baranda, can gefe kuma wani mutum riƙe da linzamin doki, wanda ba a rubuta sunansa a ƙasan zanen ba.