Masallacin Juma'a na Birnin Zariya: Tarihinsa da Tsarin Gininsa

Gabatarwa

A cikin wannan takarda za mu dubi tsohon Masallacin Juma'a na birnin Zariya, domin mu nuna cewa darajarsa tana ga ilmin maginan da suka tayar da shi, kuma ilmin nan ya fi ginin kansa shiga haɗarin ɓacewa.

Tarihinsa

Bayan jihadin 1804, Malam Musa ya karɓi mulkin Zazzau a 1808. Amma sai a zamanin sarki na uku, wato Abdulkarimu (1834 zuwa 1846), aka gina wannan masallaci kusa da fada. Wanda ya shugabanci aikin shi ne Babban Gwani Muhammadu Durugu, wanda wasu ke kira Malam Mika'ilu. Ruwayar baka ta ce daga baya ya gina irinsa a Birnin Gwari, aka kashe shi don kada ya sake yi wa wani sarki kamarsa. Wannan ruwaya tana nuna mana yadda mutanen zamanin suka ɗauki gwanintarsa.

Tsarin Gini

Kayan aikin su ne na kowane soro a ƙasar Hausa: tubali, da ƙasar gini, da azara, wato itacen giginya da aka tsaga, wanda gara ba ta cika ci ba. Matsalar magini ita ce azara ba ta iya ɗaukar nauyin rufin ƙasa idan tazara ta yi yawa, alhali jama'ar Juma'a na bukatar wuri mai faɗi. Maganin da Babban Gwani ya yi amfani da shi shi ne bakan gizo. Ana kafa azara cikin ginshiƙi, a ɗaura wata bisa wata da igiya, kowace tana ɗan zarce ta ƙasanta, har ɓangarorin biyu su haɗu a sama, sa'an nan a lulluɓe su da ƙasa. Bisa waɗannan bakuna aka ɗora tulluwa, aka kuma yi wa ginshiƙan zane mai zurfi. Har ila yau, an kewaye harabar da zauruka na shiga, an kuma haɗa mata ɗakin shari'a, abin da ya dace da manufar masu jihadi ta haɗa salla da hukunci.

Halin da ya Shiga

A shekarun 1970 aka gina sabon masallaci na siminti wanda ya rufe tsohon ɗakin salla a cikinsa. Kafin haka, masanin gine-gine Z. R. Dmochowski ya auna shi ya zana, kuma an yi kwaikwayonsa a gidan tarihin gine-ginen gargajiya da ke Jos.

Kammalawa

A ƙauyukan Ingila akwai majami'un dutse da suka haura shekara 700 a tsaye, domin dutse yana jure sakaci. Ginin ƙasa kuwa sai da yaɓe da gyaran indararo kafin kowace damina. Tun da siminti da kwano suka samu karɓuwa, daga manyan birane har zuwa garuruwan noman rani irin su Kura da Bunkure, masu koyon ɗaurin bakan gizo suka ragu. Saboda haka muna ganin wajibi ne jami'o'inmu su rubuta ilmin sarakunan magina daga bakinsu, su kuma sa ɗalibai su koye shi da hannu, tun masu shi suna raye.