Masai Ujiri, Ɗan Ƙwallon Kwando Daga Zariya

An haifi Masai Ujiri a Ingila a 1970, amma a Zariya ya tashi, a can kuma ya fara wasan ƙwallon kwando. Bayan karatu a Amurka, ya buga wa ƙungiyoyin Turai wasa har 2002, bai kai gasar NBA ta Amurka ba. Muna jawo hankalin matasanmu na Kazaure, Babura, Roni da Gwiwa ga abin da ya biyo baya: ya riƙa zaƙulo wa ƙungiyar Orlando Magic 'yan wasa ba albashi, guzuri ma daga aljihunsa. A 2010 ya zama babban manajan Denver Nuggets. A ƙarƙashin shugabancinsa Toronto Raptors ta ci kofin NBA a 2019. Ya bar ƙungiyar a 2025.