Ayo Bankole

Ayo Bankole (1935–1976) masanin kiɗa ne kuma mai tsara waƙoƙin ibada na Kirista. An haife shi a Jos, inda mahaifinsa ke kaɗa ogan yana kuma jagorantar mawaƙan cocin Angilikan na St. Luke. Ya yi karatu a makarantar Guildhall ta Landan da Jami'ar Kambirij, sannan ya nazarci kiɗan al'ummai a Kalifoniya. Bayan ya dawo gida a 1966, ya yi aiki a gidan rediyon Najeriya, daga bisani ya koyar a Jami'ar Legas.

Gwanintarsa ta fi fitowa a waƙoƙin taron mawaƙa da Yarbanci, irin su Baba Se Wa Ni Omo Rere, inda karin waƙar ke bin hawa da saukar harshen. An kashe shi tare da matarsa a Legas, yana ɗan shekara 41.