ADAMU MAYAKI NA FILINGE: DAGA MAJALISA ZUWA AMURKA

Wata Lahadi a kasuwar Baleyara, muna zaune gindin rumfa, aka ambaci sunan Mayaki. Samarin da ke wurin duk suka ce ai sun san shi, shi ne firaministan zamanin Bare. Wannan ɗan ne, Ibrahim. Uban kuwa, Adamu, babu wanda ya tuna da shi cikinsu. Shi ya sa na ga ya kamata in rubuta abin da ya sawwaƙa game da shi.

An haifi Adamu Mayaki a Filinge cikin 1919, a gidan sarautar Kurfai. Ya shiga lakwal a zamanin da iyaye ke ɓoye 'ya'yansu cikin rumbu in an zo ɗaukar yara, ya yi karatun aikin gona, ya zama ma'aikacin gwamnatin Nasara.

Bayan yaƙin duniya na biyu abubuwa suka sake. A 1946 aka hana aikin tilas, aka kafa jam'iyyar PPN wadda ta shiga RDA, aka kuma buɗe majalisar ƙasa a Yamai. Kada mai karatu ya ɗauka irin majalisar bayan 'yanci ce. Gwamna na nan da ikonsa, Turawa suna da nasu kujeru dabam, kuma ba kowa ke da izinin jefa ƙuri'a ba. Amma a nan ake duba kasafin kuɗi da maganar lanho, watau abin da ya shafi talaka kai tsaye: nawa zai biya, ina za a gina rijiya, ina za a kai likita. Nasara ba su yarda da RDA ba, sai a 1948 aka kafa wata jam'iyya a Maradi mai suna UNIS, ta sarakuna da 'ya'yansu, Gwamna Tobi yana dafa mata. Ɗan gidan sarauta mai ilimin boko, ina za shi in ba can ba? Ta wannan ƙofa Adamu ya shiga majalisa a zaɓen 1952, inda UNIS ta kwashe kusan dukan kujerun 'yan ƙasa.

To, UNIS ba ta yi ƙarko ba. Ta tsage, wasu manyanta suka kafa BNA, su Isufu Saidu Jarmakoi da Joji Konda da shi Adamu. A ƙarshen 1956 sai ga abin mamaki: wannan ƙungiya ta 'ya'yan sarakuna ta haɗa kai da Jibo Bakari, shugaban 'yan ƙwadago da direbobi da talakawan birni. Haɗin nan ne ya zama Sawaba mai alamar raƙumi. A zaɓen Maris 1957, na fari da kowane baligi ya zaɓi 'yan majalisar ƙasa, mace da namiji, suka sami kujera 41 cikin 60, RDA mai giwa ta tashi da 19. Jibo ya kafa gwamnati, ya ba Adamu ministan aikin gona, abin da ya karanta.

Sai guguwa ta taso. Janar Degol ya kawo ƙuri'ar raba gardama ta ran 28 ga Satumba 1958: "I" a zauna da Faransa, ko "A'a" a ɗauki 'yanci nan take. Jibo ya ce A'a. Faransa ta aiko sabon gwamna, Kolombani, aka matsa wa sarakuna, mafi yawansu suka janye daga Sawaba. "I" ta ci da wajen kashi 78 cikin ɗari, gwamnatin Jibo ta faɗi, aka rushe majalisa aka sake zaɓe a Disamba, Jori Hamani ya hau. Cikin wannan hargitsi Adamu ya rabu da raƙumi ya koma wajen giwa. A Oktoba 1959 aka haramta Sawaba ɗungum.

Nan ne ake gardama a kansa. Tsofaffin 'yan Sawaba, waɗanda suka sha kurkuku da gudun hijira, ba su yafe wa irinsu ba, kuma ban ga laifinsu ba. Ni dai abin da na lura, tun farko auren BNA da Jibo na lissafi ne, kowa da abin da yake nema. Mutum kamar Adamu, da gidansu ke riƙe da sarauta ƙarƙashin kumandan, in ya ja daga ba shi kaɗai zai ji jiki ba. Wannan ba wanke shi na yi ba, bayanin halin da aka shiga ne.

Jori ya jawo shi cikin gwamnati, har a 1963 ya damƙa masa harkokin waje. Ya tarar da aiki. A ƙarshen shekarar rigimar tsibirin Lete ta ɓarke tsakaninmu da Dahome, Nijar ta kori ma'aikatan Dahome, hanyar Kwatano da kayanmu ke bi ta toshe. (Wannan shari'a ba ta mutu ba sai 2005, da kotun duniya ta ba Nijar tsibirin.) A 1964 kuma tsofaffin abokansa na Sawaba suka kutso da makamai daga waje. Ya bar kujerar a 1965, daga baya aka tura shi jakada Amurka da Majalisar Ɗinkin Duniya.

Ran 15 ga Afrilu 1974 soja suka kifar da Jori, suka rufe majalisa da jam'iyya. Wanda ya jagoranci juyin, Seni Kunce, shi ma ɗan wannan yanki namu ne, daga Fandu. Da aka sake buɗe ƙofar jam'iyyu a 1991, Adamu ya fitar da littafi da Faransanci a kan jam'iyyun Nijar daga 1946 zuwa 1958, ya tara takardu da shaidar abin da ya gani. Ya rayu har ya ga ɗansa ya riƙe harkokin waje, kujerar da shi ya bari, sa'an nan firaminista daga 1997 zuwa farkon 2000. Ya rasu a 2003. Allah ya jiƙansa.