Finafinan farko na titunan biranen China

Turawa da Amurkawa ne suka fara ɗaukar hotunan majigi na rayuwar jama'a a biranen China, tun kafin 'yan ƙasar su shirya fim ɗinsu na farko a Beijing a 1905.

A 1898 kamfanin Edison na Amurka ya fitar da gajerun finafinai marasa sauti da aka ɗauko a Shanghai da Hong Kong.

Cikin waɗanda suka tsira har da na titin Nanjing a Shanghai, wanda kamfanin Warwick na Birtaniya ya fitar a 1901. Duk da gajartarsa, ana ganin masu jan keken ɗaukar fasinja, da 'yan sanda mabiya addinin Sikh daga Indiya, da sojojin Jamus, alamar cewa baƙi ne ke iko da wannan ɓangare na birnin.

Irin waɗannan hotuna na nuna maza da dogon tukkun da daular Qing ta wajabta musu, kafin faɗuwarta a 1912.

A 2015 Cibiyar Finafinai ta Birtaniya, BFI, ta haɗa wasunsu, na 1900 zuwa 1948, cikin fim guda.