Lissafin Wata da Taurari a Tamale

Tun kafin agogo ya zo ƙasar Dagwamba, sama ce ma'aunin lokaci. Inuwa ce ke nuna wa ladan shigar azahar da la'asar, jinjirin wata kuma shi ke buɗe sabon wata. Dagwamba sun ɗora bukukuwansu a kan watannin Musulunci. Bugum, bikin wuta, yana faɗowa daren 9 ga Muharram, watan da Hausawa ke kira Cika-ciki. Damba kuwa a Rabi'ul Awwal ake yin sa, watan Mauludi.

Sai dai shekarar wata kwana 354 ce, ta gaza ta rana da kusan kwana 11. Saboda haka Damba kan zo da damina, bayan 'yan shekaru ta koma rani, sai an yi kamar shekara 33 take komawa inda ta faro. Manomin doya da ya bi wannan lissafi wajen shuka ya yi asarar iri.

A nan ilimin hisabi na malaman Hausa ya yi rana. Fatauci ne ya kawo su Salaga, kuma bayan yaƙin basasar 1892 da yawa suka watsu zuwa wasu zangunan, Tamale kuwa ta bunƙasa da Turawa suka mai da ita hedikwata a 1907. A hisabi ana raba shekara ga taurari 28, kowanne kwana 13, ɗaya 14, jimla 365. Cikinsu akwai Surayya, wato Kaza da 'Ya'yanta. Da wannan lissafi malami ke gaya wa manomi lokacin ruwan shuka da saukar hunturu.