Kakar 1970: Beguwar Kumasi da 'Ya'yan Zango

Ranar 24 ga Janairu 1971, a birnin Kinshasa, Asante Kotoko ta doke TP Englebert da ci 2 da 1, ta ɗauki kofin zakarun kulob-kulob na Afirka na kakar 1970. Kafin wannan rana babu wani kulob na Gana da ya taɓa ɗaukar kofin. Ƙwallon farko Abukari Gariba ne ya jefa a raga, na biyu kuma Malik Jabir. Ina so mai karatu ya maimaita sunan farkon nan a bakinsa sannu a hankali. Abubakar Garba ne, harshen Gana ya ɗan lanƙwasa shi. Suna ne irin wanda za ka ji uwa tana ƙwala wa ɗanta da magariba a Aboabo ko Asawase ko nan Buokrom.

Ni ba a haife ni ba lokacin. Labarin na gaje shi daga bakin dattawa, a majalisar shayi da kuma ta wayar da suke bugo mini idan ina gabatar da shirin wasanni. Abin da na lura shi ne kusan kowa da hular Robert Mensah yake farawa, da ita kuma yake ƙarewa. Za mu zo kan hular. Amma kakar ta fi hula faɗi.

Tsakanin Kotoko da Englebert akwai tsohon bashi. A 1967 su biyun suka kai wasan ƙarshe. Aka tashi 1 da 1 a Kumasi, aka tashi 2 da 2 a Kinshasa. Hukumar ƙwallon Afirka ta ce a yi wasa na uku a Yawunde ta Kamaru, amma saƙon bai isa ga Kotoko ba, ba ta je ba, aka miƙa wa Englebert kofi ba tare da an taɓa ƙwallo ba. Watanni kaɗan bayan haka, a farkon 1968, Kwango ta ci Black Stars 1 da nema a wasan ƙarshe na kofin ƙasashen Afirka a Habasha, kuma wanda ya ci ƙwallon, Pierre Kalala, ɗan Englebert ne. Wannan kulob na garin Lubumbashi, mai ɗauke da sunan wani kamfanin tayar mota, shi ne yau ake kira TP Mazembe. Ya ɗauki kofin a 1967 da 1968, ya kai wasan ƙarshe a 1969, ya sake kaiwa a 1970. Sau huɗu a jere. Kowa ya san ba kanwar lasa ba ne.

Yanzu mu dawo gida, domin abin da ke faruwa a Kumasi a watannin nan shi ne ya sa na ɗauki alƙalami. Ranar 18 ga Nuwamba 1969, gwamnatin Firayim Minista Kofi Busia ta fitar da dokar da har yau dattawanmu ke kira da sunanta na Turanci, Aliens Compliance Order. Duk baƙon da ba shi da takardar izinin zama an ba shi mako biyu, ko ya samo ta ko ya bar ƙasa. To wa ke da takarda a Zango? Kakanninmu fataucin goro ne ya kawo su, ta Salaga, tun kafin a yi wata ƙasa mai suna Gana. Wasu aikin soja da ɗan sanda ya kawo su zamanin Turawa, wasu aikin gonar koko. Mutum an haife shi a Kumasi, an haifi ubansa a Kumasi, bai taɓa ganin Kano ko Sakkwato ko Yamai da idonsa ba, rana ɗaya aka ce masa baƙo ne. Dubun dubatar mutane suka fita: Yarbawa, waɗanda su ne suka fi yawa, da Hausawa, Zabarmawa, Mosawa, Kotokoli da sauransu. An sayar da gidaje da rumfunan kasuwa a farashin banza, domin mai gudu ba ya ciniki. Manyan motoci suka riƙa tashi cike da mata da yara da ƙullin kaya. Waɗanda suka rage kuma suka zauna a ɗarɗar, har da 'yan arewacin Gana na asali, saboda mai tambayar takarda riga da hula da suna yake dubawa. A 1970 aka ƙara da wata dokar da ta keɓe ƙananan sana'o'i da kasuwanci ga 'yan ƙasa kawai.

A cikin wannan yanayi Kotoko ta fara kakarta ta Afirka. Kuma Kotoko kulob ɗin Asante ne tun daga jijiya. An kafa shi a 1935, Sarkin Asante ne ubansa, tambarinsa beguwa, alamar mayaƙan Asante, takensa kuma yana cewa ka kashe dubu, dubu za su zo. A watan Mayu na wannan shekara ta 1970 Sarki Osei Agyeman Prempeh na Biyu ya rasu, Opoku Ware na Biyu ya gaje shi, don haka garin yana cikin makoki da naɗin sarauta ƙwallo ke tafiya. Amma duba sunayen da ke sanye da jar rigar. Ga Osei Kofi, Yaw Sam, Oliver Acquah, Clifford Odame da Robert Mensah a raga. Ga kuma Ibrahim Sunday a tsakiya, ga Abukari Gariba, Malik Jabir, Sulley da Osumanu Orlando. Ban ce dukkansu Hausawa ne ba, kuma ban ce dukkansu a Zangon Kumasi aka haife su ba. Sunday a Koforidua aka haife shi, Malik kuwa filin wasa na garin Wa ne ke ɗauke da sunansa yau. Zango dama bai taɓa zama ƙabila ɗaya ba. Wuri ne da Musulunci da harshen Hausa suka haɗa mutane iri-iri, kuma ga idon wanda ke waje, duk mai suna Ibrahim ko Usman ɗan Zango ne. Wannan idon ne ya kori wasu, shi ne kuma ya cika fili yana tafa wa wasu.

Ba su ne na farko ba. Kafin su an yi Dogo Moro a baya, an yi Osman Seidu, wato Baba Yara, sarkin 'yan wasan gefe, wanda gwamnatin Nkrumah ta ɗauke daga Kotoko zuwa Real Republikans a 1961. Hatsarin mota a Kpeve ya naƙasa shi a 1963, ya rasu ranar 5 ga Mayu 1969, wata shida kafin dokar. Sai a 2004 aka sa wa filin Kumasi sunansa.

Hanyar zuwa wasan ƙarshe ba zan daɗe a kanta ba. Kotoko ta sha wuya kafin ta fitar da Stationery Stores ta Ikko. A wasan kusa da na ƙarshe ta haɗu da Ismaily ta Masar, mai riƙe da kofin, ta fitar da ita ba tare da an ci Mensah ko ƙwallo ɗaya ba. Sai ga Englebert kuma.

Wasan farko a Kumasi, ranar 10 ga Janairu 1971, kunnen doki aka yi, 1 da 1, daidai da sakamakon 1967. Wanda ya kasa ci a gidansa, me zai yi a gidan Mobutu? Mako biyu bayan haka aka shiga filin 20 ga Mayu, filin da Muhammad Ali zai dambace da George Foreman a 1974. Shugaba Mobutu da kansa yana zaune. Abukari ya ci tun da wuri, 'yan gida suka rama kafin a je hutu. Daga nan sai labarin hula.

Mensah yana tsaron gida ne da wata hular hana-salla, wadda abokan hamayya suka yi imani asiri ne a cikinta. Yadda ake ba da labarin, alƙalin wasa ya ba Englebert bugun fenareti wanda 'yan Kotoko suka ce zalunci ne, sannan aka ce sai Mensah ya cire hular kafin a buga. Ya ƙi, har sojoji suka matso. Sai da wani dattijo daga cikin shugabannin Kotoko ya sauko ya yi masa magana, ya tuna masa taken beguwa, sannan ya cire ta ya jefar, ya tsaya a kan layi. Mai bugun ya ɗaga ƙwallo sama da raga. Kowane mai ba da labari yana ƙara nasa gishirin, kuma ban ga laifinsu ba, labari ne mai daɗi. Sai dai fenaretin da aka zubar ba ya ba da kofi. Ana saura kamar minti goma a tashi Malik Jabir ya ci na biyu, kuma wannan ƙwallon ce ta kawo kofin Kumasi.

Wani abin dariya a nan: kofin da ake bayarwa a lokacin sunan Kwame Nkrumah yake ɗauke da shi. Ke nan gwamnatin Busia, babban abokin adawarsa, ita ta tarbi kofin Nkrumah, daga hannun yara masu sunayen da dokarta ta sa ake tsarguwa da su.

A ganina, mu 'yan Zango muna da hannu wajen rage wa wannan kaka daraja, domin mun bar ta ta zama hirar asiri da hula. Ya kamata idan an zo maganar ko mu 'yan ƙasa ne, maganar da har yau takan taso wajen yin katin shaida ko fasfo idan aka ga sunan mutum, a riƙa tunawa cewa Sunday da Malik da Abukari sun sa rigar Gana a gasar Olamfik ta 1968 a Meziko, sun sake sawa a 1972 a Munich. Ƙwallo ba ta mayar wa kowa da gidansa ko rumfarsa ba. Wanda aka sauke a kan iyaka a Disamban 1969 bai amfana da komai daga ƙwallon Malik ba. Amma wata goma sha huɗu bayan dokar, Kumasi gaba ɗaya ta fito tana kiran sunan Abukari.

Abin da ya biyo baya ya zo da sauri. A 1971 mujallar France Football ta zaɓi Ibrahim Sunday gwarzon ɗan ƙwallon Afirka, Mensah ya zo na biyu. Mensah bai ga ƙarshen shekarar ba: an soke shi da fasasshiyar kwalba a wata mashaya a Tema, ya mutu ranar 2 ga Nuwamba 1971. Kotoko ta sake kai wa wasan ƙarshe ba tare da shi ba, Canon ta Yawunde ta karɓe kofin. Ranar 13 ga Janairu 1972 sojoji ƙarƙashin Acheampong suka kifar da Busia. Sunday ya tafi Werder Bremen a 1975, ya zama ɗan Afirka na farko da ya buga gasar Bundesliga ta Jamus, ko da yake wasa ɗaya tak ya samu.

Kotoko ta jira har 1983 kafin ta sake ɗaukar kofin, ta doke Al Ahly ta Masar da ƙwallon Opoku Nti. A farkon wannan shekarar ce gwamnatin Shehu Shagari ta kori baƙi daga Nijeriya, 'yan Gana kusan miliyan ɗaya suka dawo gida da kayansu a ka. Mai horar da Kotoko a wannan kakar shi ne Ibrahim Sunday.